Ranar da Mai Faifai Ya Haska Kansa

Da zarar rana ta yi sanyi, Mama takan jawo 'yar rediyonta ta ɗora a kan tagar kicin, ta rage murya yadda ba za ta kai falon Baba ba. Yau ma haka ta yi. Auta na zaune a kan kujerar tsuguno tana yankan albasa, sai ga muryar nan da duk yankin ya sani ta cika kicin ɗin.

"Jama'a barkanmu da yamma! Naku ne Mai Faifai. Direbobi a rage gudu, masu shago a ƙaro murya, uwayenmu na kicin a yi mana a hankali da gishiri. Ga wata sabuwa fil daga wani yaro ɗan unguwarku, in ba ta yi daɗi ba ku kira ku zage ni!"

Mama ta kalli 'yarta ta gefen ido. "Ke Auta, kowa in yana yankan albasa hawaye yake yi, ke kuma murmushi?"

"Kai Mama! Ni yaushe na yi murmushi?"

"Ga haƙora nan a waje kamar mai tallan man goge baki."

Suna cikin dariya aka turo ƙofa. Yaya ne, babban ɗan gidan, da jakar ofis a kafaɗa. Ko sallamarsa ba a gama amsawa ba ya miƙa hannu ya kashe rediyon.

"Haba Mama, har da ke? Ke ce fa kike ɗaure wa yarinyar nan gindi. Mutumin da yake kwana a kulob yana kaɗa wa 'yan iska kiɗa, shi za a kawo mana gidan nan a ce suruki ne?"

"Yaya, sana'a ce fa..." in ji Auta a hankali.

"Rufe min baki! Sana'a? In dai ina numfashi, wallahi ba za a yi wannan abin kunyar da ni ba!"

Hayaniyar ta fito da Baba daga falo, yana dogara sandarsa. Tsohon ma'aikacin gidan ruwa ne, mutum mai sanyin magana, amma tun da hawan jini ya kama shi ya sakar wa babban ɗansa ragamar gida, ba ya yanke komai sai ya ji ta bakinsa. Ya dubi Auta da ta sunkuyar da kai, ya ce, "Kin ji abin da yayanki ya faɗa. Ki ce wa yaron nan ya dakata da turo manyansa." Ya juya ya koma. Wannan karon hawayen da ya zubo wa Auta ba na albasa ba ne.

Shi Mai Faifai ba daga sama ya faɗo gidan rediyo ba. Da ɗaukar lasifika ya fara, yana bin masu kiɗan taro yana naɗe musu waya, in an tashi a sallame shi da ɗan abin da ba a rasa ba. A nan ya koyi haɗa waƙa da waƙa ba tare da an ji gaɓa ba. Ya yi shekaru yana zarya tashar yankin da faifan muryarsa ana cewa ya dawo gobe, har ranar da mai shirin yamma ya yi rashin lafiya aka rasa wanda zai zauna a kujerar. Da ya zauna bai sake tashi ba. Mawaƙan yankin da babu wanda ya san da su, a shirinsa aka fara jinsu. Ranakun ƙarshen mako kuwa yana kiɗa a wani kulob da ke bayan babban titi, don albashin tashar ba ya riƙe shi da mahaifiyarsa da ƙannensa.

Auta malamar firamare ce. Ranar da ta kai ɗalibanta ziyara tashar, wani yaro ya danna abin da bai kamata ba, waƙa ta tsaya cak ana tsakiyar shiri. Maimakon faɗa, Mai Faifai ya ɗora yaron a cinya ya sa shi ya gaida mamarsa a makirufo. Tun daga ranar zuciyar Malama ta tafi, shi ma tasa ba ta zauna ba.

To me ya sa Yaya ya kafe kai da fata? Ba kishin addini ba ne, ba kuma na mutuncin gida ba, tsoro ne tsagwaronsa. A kulob ɗin akwai wani ɗan ɗakin gilashi da ke sama da filin rawa, a nan mai kiɗa yake tsayawa, kuma daga nan babu lungun da ba ya gani. Kusan kowane mako Mai Faifai yana hango Yaya a teburin kusa da fili, shi da wata yarinya mai jan gashi, alhali matarsa, wadda su Auta ke kira Anti, tana gida da ƙaramin ciki an ce mata ofis ne suka tura shi aiki. Da ya gane wan Auta ne, ya taɓa tare shi a barandar baya ya ce, "Yaya, don Allah ka duba iyalinka, wurin nan ba naka ba ne." Tun daga ranar Yaya ya ɗauki karan tsana ya ɗora masa. A lissafinsa, in wannan mutumin ya shigo gidansu, asirinsa ya gama tonuwa.

Washegarin rigimar kicin, Mai Faifai ya tsaya da babur ɗinsa a bakin makaranta bayan an tashi yara. Kallo ɗaya ya yi wa idon Auta ya san ta sha kuka.

"Malama, wa ya taɓa min ke? Faɗa min in sa masa waƙar habaici sati guda."

"Ni ba wasa ya kawo ni ba." Ta goge ido da bakin mayafi. "Baba ya ce ka dakata. Ka gaya min tsakaninka da Allah, me ka yi wa Yaya? Mutum bai taɓa zama da kai ba ya tsane ka haka?"

Maganar ta zo masa har bakin leɓe. Kalma ɗaya ce, in ya faɗe ta Yaya ba zai sake ɗaga murya a gidan ba. Amma ya tuna Anti da cikinta, ya tuna tsoho mai hawan jini da yake tinƙaho da ɗansa a gaban kowa, ya haɗiye abarsa.

"Ban yi masa komai ba. Yana kishin ƙanwarsa ne, ko ni ne haka zan yi."

"Akwai abin da kake ɓoye min, na ga idonka."

"Malama, a sana'armu akwai ƙa'ida. Abin da ka hango daga sama, a saman kake barinsa. Mutane suna shigowa da damuwarsu da wautarsu, ba su ba ka ajiyar sunansu don ka kai kasuwa ba. Ki yi haƙuri, ki bi Baba a hankali. Ni ina nan, ba inda za ni."

"Haƙuri, haƙuri! Kai komai haƙuri!" Ta juya ta tafi tana kuka, ya bi ta da ido har ta sha kwana.

Watanni suka shuɗe a haka. Auta ta rame, ta daina hira, in ta dawo makaranta sai ɗaki. Yaya kuwa kullum da sabon labarin da zai kawo wa Baba: yau an ce mutumin yana shaye-shaye, gobe an ce 'yan mata layi suke yi a ƙofar tashar. Rannan Mama ta gaji, ta sami Baba a falo ta zauna.

"Malam, shekarun da muka yi tare ban taɓa ganin ka yanke wa mutum hukunci da an ce ba. Ko famfo aka ce ya fashe, sai ka je ka gani da idonka. Yarinyar nan tana ƙarewa a gabanmu."

 Baba ya ce, "Zan je in gani."

Bai gaya wa kowa ranar ba. Ran Lahadi kulob ɗin tun da yamma yake buɗewa, don haka bayan la'asar Baba ya sa babbar rigarsa, ya ɗauki sanda, ya tari tasi. Da safen ranar Yaya ya leƙo ya yi musu sallama, wai ofis sun tura shi wani gari sai Litinin.

Wuri ya riga ya ɗauki zafi. Mai Faifai na cikin ɗakin gilashinsa, abin sauraro a kunne ɗaya, hannun dama a kan na'urar haɗa sauti, na hagu kusa da makunnan fitilu. Fararen fitilu suna yawo a kan masu rawa, a tsakiyarsu kuwa ga Yaya, ya cire kwat ya ɗaura a ƙugu, yana juyi da mai jan gashi kamar ba shi ne mai wa'azin kicin ba. Mai Faifai ya ɗaga kai don ya duba ƙofa kamar yadda ya saba. Wani dattijo ne da babbar riga yake gardama da mai gadi, har ya samu ya shigo. Ya san fuskar, Auta ta sha nuna masa hotonta a waya.

Baba ya tsaya yana ƙifta ido, yana jira ganinsa ya saba da wurin. Taku kaɗan ya rage ya hango filin rawa sosai.

A nan Shaiɗan ya zo wa Mai Faifai da shawara mai daɗi. Ba sai ya yi komai ba, ba sai ya ce uffan ba. Ya bar fitilun yadda suke kawai, tsoho ya ga ɗansa da idonsa, gobe war haka maganar aure ta tashi. Wa zai ce laifinsa ne? Ya dubi Baba a tsaye dogare da sanda, ya ji tausayi ya kama shi har cikin ƙashi.

Ya kashe fitilun fili gaba ɗaya, ya danna injin hayaƙi, wurin ya yi duhu ya turnuƙe. Masu rawa suka sa ihu, sun ɗauka salo ne. Ya jawo ma'aikacin da ya kawo masa ruwa ya ce masa a kunne, "Mai kwat a ƙugu, ka ce masa babansa na bakin ƙofa, ya bi ta kicin. Yi sauri!" Amma duhu kaɗai ba zai isa ba, idon mutum haske yake bi. Akwai wata babbar fitila da ke haska ɗakin gilashin, wadda ba ya son kunnawa don ba ya son a riƙa kallonsa. Ya kunna ta, ya ɗauki makirufo.

"Jama'a kowa ya kallo sama! Naku ne Mai Faifai! Hannu sama, hannu sama!"

Kowa ya ɗaga kai, har da Baba. Ga wanda yake neman 'yarsa nan tsaye cikin haske, zufa na zuba, yana tsalle yana yi wa 'yan rawa kirari. Suka haɗa ido ta cikin gilashi. Baba ya girgiza kai a hankali, ya juya ya fita. A daidai lokacin Yaya ya riga ya ari na kare ta ƙofar kicin, ko takalminsa ɗaya bai tsaya ɗauka ba.

Manaja ya hau sama yana kumfar baki. "Wane irin iskanci ne wannan? Ka kashe min fili ana tsakiyar ciniki?"

"Yi haƙuri oga, hannuna ne ya goce." Ya mayar da fitilun, ya ɗora wata waƙar.

Baba na isa gida ya kira Mama da Auta. "Na je, na gani. Wurin da ko numfashi ba a iya yi, shi kuma yana sama yana tsalle kamar an jona shi da lantarki. Har haska kansa ya yi don in gan shi da kyau, ko kunyata bai ji ba! Maganar nan ta mutu, kada wanda ya sake tayar min da ita."

Auta ta zube a ƙasa ta riƙe ƙafarsa. "Baba don Allah... Baba ka taimake ni!" Ya zare ƙafarsa ya shige ɗaki. Ta yi kuka har muryarta ta dishe, Mama na rungume da ita ita ma tana share nata.

Yaya ya samu abin da yake so, amma abinci ya ƙi shiga cikinsa. Kwana biyu yana jiran ya ji an kira shi an titsiye, shiru. A rana ta uku ya kasa daurewa, ya nufi tashar rediyon ana tsakiyar shirin yamma. Furodusa ya shigar da shi situdiyo ya yi masa alama da yatsa a baki. Ɗan ƙaramin ɗaki ne, bango duk soso, fanka ba ta aiki. Mai Faifai na zaune gaban makirufo, idanunsa jawur, ga alama shi ma ba barci yake samu ba. Da ya saki waƙa jar fitilar da ke saman ƙofa ta mutu, ya zare abin kunnensa.

"Yaya, sannu da zuwa. Ga kujera."

"Ba zama ya kawo ni ba. Faɗa min abin da kake so. Na san ba a banza ka yi ba, riƙe ni kake so ka yi a hannu ko?"

"Ba na son komai."

"Ƙarya ne! Da ka bari ya gan ni, da yanzu an ba ka ita. Kai mahaukaci ne?"

"Wataƙila." Ya yi ɗan murmushin da bai kai ciki ba. "Ina son ƙanwarka fiye da yadda kake zato. Amma in sai na rusa gidanku zan shige shi, me zan tarar a ciki? Baba ya faɗi a wurin nan, Anti ta ji labari da cikinta, ita Malama ta rayu tana tuna cewa da kunyar yayanta aka sayi aurenta? A'a. Abu ɗaya nake roƙonka, shi ne wanda na roƙe ka tun farko. Ka koma wa matarka."

Furodusa ya ɗaga hannu ta bayan gilashi, jar fitila ta kama. Mai Faifai ya goge ido da bayan hannu, ya matso makirufo, sai ga muryar nan ta fito garau kamar wanda aka yi wa albishir.

"Kai jama'a, wannan waƙa ta yi! Wanda yake cikin damuwa ya saki ransa, gobe ma rana ce. Muna da mai kira a layi, salamu alaikum, wa ke magana?"

Yaya ya tsaya yana kallonsa, hawaye na bin fuskar mutumin yana kuma sa mai kira dariya. Kunya ta rufe shi tun daga kai har ƙafa. Ya buɗe ƙofa a hankali ya fita.

Bai koma ofis ba. Gidansa ya fara zuwa, abin da ya gaya wa Anti da kukan da aka sha a can, wannan tsakaninsu ne. Daga nan ya wuce gidan Baba, ya tarar da su duka a falo, ya durƙusa a tsakiyar ɗaki.

"Baba, ka sha maganinka yau?"

"Na sha. Lafiya?"

"Ranar da ka je wurin nan... ina ciki, Baba. Ina tsakiyar fili, ni da wata. Ba ranar na fara ba. Mai Faifai ne ya kashe fitila don kada ka gan ni, ya haska kansa don idonka ya tafi kansa. Duk abin da na faɗa maka a kansa ƙarya ce, tsoro nake ji kada ya tona ni. Ko ƙanwata bai gaya wa ba."

Mama ta dafe ƙirji tana salati. Auta ta toshe baki da hannu biyu. Baba ya dubi ɗansa ya ce, "Ka ba ni kunya. Amma da a can na gan ka, ban san ko da ƙafata zan fito ba. Tashi ka je ka ɗauko min yaron nan, da kanka."

Da magariba ta kusa suka shigo tare. Mai Faifai ya cire takalmi tun daga ƙofa, ya durƙusa nesa, kansa a ƙasa.

"Matso nan," in ji Baba. "Wurin aikinka na gan shi, kuma ba zan yi maka ƙarya ba, bai yi min ba. Har yau kunnena ƙara yake yi."

"Ku yi haƙuri Baba. Dama ina da niyyar in kwantiragina ya ƙare in tsaya a rediyo da kiɗan taro."

"Wannan kai da matarka za ku zauna ku duba, ban sa maka sharaɗi ba. Ni abin da na je nema halinka ne, na kuma gan shi ban gane ba. Wanda ya rufa wa maƙiyinsa asiri alhali abin da yake so na hannun maƙiyin, ba zai tozarta min 'ya ba. Ka turo manyanka."

Mama ta rangaɗa guɗa ta manta da hawan jinin Baba. Auta ta ruga ɗaki da gudu, wannan karon kukan daɗi take yi.

Da zai tafi ta rako shi bakin ƙofa, ta harare shi da kumburarrun idanu.

"Ka ga ina ramewa kamar tsinke, ka iya yin shiru? Da Yaya bai yi magana ba fa?"

"Da na ci gaba da jira."

"Har yaushe?"

"Har ki tsufa ki yi ritaya, in zo in ɗauke ki da sandarki."

Ta kai masa duka da bakin mayafi tana dariya, hawaye na zuba.

An ɗaura aure bayan Anti ta sauka lafiya, kuma Yaya ne ya fi kowa zirga-zirga a hidimar. Bai sake taka ƙofar kulob ba.

'Yan'uwana matasa, sau da yawa abin da muke so yana zuwa mana ta hanya mai sauƙi, sai dai a kan mutuncin wani za a taka kafin a kai gare shi. Mai Faifai ya ga wannan hanyar a buɗe ya ƙi bi, ya zaɓi ya yi asara da ya ci riba da kunyar ɗan'uwansa. Ya yi haƙuri, ya rufa asiri, Allah kuma ya ba shi Auta ta ƙofar da babu wanda zai sunkuyar da kai in an tuna.